Alhassan Ɗantata: Marayan Bebeji da ya haɗa kasuwar amana da kasuwar takarda

Duk wanda ya san Magama, wato bakin iyakar Jibiya da Jamhuriyar Nijar, ya san kasuwa biyu ce ke ci a wuri ɗaya. Ga manyan motoci a jere suna jiran takardun kwastam, kowace da lambarta da rasit ɗinta da sunan kamfanin da ya yi lodi. A gefensu kuma ga 'yan kabu-kabu, ga 'yan canji riƙe da naira da sefa, ga 'yan dako, ga dillalan hatsi da na dabbobi, ga mata masu abinci. Waɗannan na biyun ba ofis, ba rajista, ba albashin ƙarshen wata, amma su ne suka fi yawa nesa ba kusa ba. Alƙaluman Hukumar Ƙididdiga ta Ƙasa na 'yan shekarun nan sun nuna fiye da kashi 90 cikin 100 na masu aiki a Najeriya a irin wannan ɓangaren suke neman abinci.

To a shafukan sada zumunta kullum sai ka ga ana cacar baki a kan wannan. Wasu matasan na ganin in ba ka da aikin ofis ba ka fara rayuwa ba. Wasu kuma na cewa rajista da banki da haraji duk wahalar banza ce, kasuwa kawai. Akwai mutum guda da rayuwarsa ta ratsa ɓangarorin nan biyu tun daga tushe har ƙarshe, kuma tarihinsa zai taimaka mana mu ga abin da kowane ɓangare ke bayarwa da abin da yake hanawa. Shi ne Alhaji Alhassan Ɗantata, wanda ya rasu a 1955 ana lissafa shi a matsayin wanda ya fi kowa dukiya a Afirka ta Yamma.

Asalinsa ya taɓo Katsina

An haifi Alhassan a garin Bebeji na ƙasar Kano a 1877. Mahaifinsa Madugu Abdullahi ne, mahaifiyarsa kuma Fatima, wadda aka fi sani da Amarya, ita ma 'yar kasuwa ce mai zaman kanta. Kakansa, Baba Talatin, shi ne ya taso da iyalin daga ƙasar Katsina ya zauna a Madobi. Ka ga ke nan Katsinawa ma suna da rabonsu a labarin nan.

Gidansu gidan Agalawa ne. A ƙarni na 19 akwai rukunin 'yan kasuwa uku da suka riƙe fataucin goro a ƙasar Hausa: Agalawa da Tokarawa da Kambarin Barebari. Agalawa sun samo asali ne daga mutanen da suka gangaro daga wajen Azbin, suka zauna a ƙauyukan Katsina da Kano, suka zama Hausawa, suka rungumi fatauci. Sana'ar gado ce. Yaro na tashi ya ga ubansa yana ɗaure kaya, ya ga yadda ake lissafi da wuri, ya san sunayen zanguna tun kafin ƙafarsa ta taka su.

Sai dai gado bai yi wa Alhassan shimfiɗa ba. Yana da kimanin shekara takwas mahaifinsa ya rasu. Aka raba dukiya tsakanin 'ya'ya masu yawa, abin da ya zo hannun kowa bai taka kara ya karya ba. Mahaifiyarsa ta tashi ta koma Akra, wadda Hausawan da ke kira Ankara, a ƙasar Gana ta yau, inda take da harkokinta. Ta bar yaran a hannun wata tsohuwar baiwa mai suna Tata. Daga sunan wannan baiwar Allah aka samo Ɗantata. Sunan da yau ke jikin manyan kamfanoni da gine-gine, sunan matar da ta yi renon maraya ne.

Ya yi karatun allo a Bebeji, kuma kamar sauran almajiran zamaninsa, sai da ya nemi abin da zai ci da hannunsa. A nan ya koyi ɗabi'ar da ta bi shi har tsufa, wato tattali. In ya samu kaɗan, sai ya ci wani ya ajiye wani.

Yana ɗan shekara 15 ko kusa da haka ya bi ayarin fatake masu zuwa Gwanja don ya je ya ga mahaifiyarsa. Bai tafi hannu rabbana ba. Ya sayi 'yan kayayyaki a Bebeji, ya sayar da wasu a hanya, ya ƙarasa da sauran Akra. Wanda ke tsammanin uwa mai kuɗi za ta buɗe masa taska, to ba haka aka yi ba. Hannun wani malami ta damƙa shi, ya ci gaba da karatu yana aikin ƙarfi, daga baya ya komo Bebeji. Abin da ya dawo da shi daga wannan tafiya shi ne sanin hanya, da sanin abin da ake nema a can wanda yake da araha a nan.

Kasuwar da ba takarda, amma akwai doka

A nan ya kamata mu ɗan tsaya, don mutane da yawa na ɗauka kasuwancin da ba rajista kasuwancin kara-zube ne. Fataucin Gwanja ya ƙaryata wannan.

Ayari ɗaya yakan ƙunshi ɗaruruwan mutane, wani lokacin dubbai, da jakuna da takarkarai da alfadarai. Akwai madugu, shi ne shugaba, shi ke yanke ranar tashi, shi ke ciniki da sarakunan hanya a kan kuɗin fito da na wucewa. Akwai jagaba da ke gaba yana duba hanya da wurin sauka. Ana ɗaukar kanwa da turkuɗi da sauran tufafin Kano da kayan fata da busasshiyar albasa, a kai kasuwannin Gwanja irin su Salaga, a sayo goron da ake kawowa daga dazuzzukan Asante. Zuwa da dawowa kan ci wata shida, wani lokacin har shekara.

In an isa gari, baƙo ba ya shiga kasuwa kai tsaye. Yana da mai masauki, wanda ake kira fatoma. Shi zai ba shi ɗaki, ya adana masa kaya, ya haɗa shi da dillali, ya kuma tsaya masa in za a ba da bashi. Dillali ya ci la'adarsa, fatoma ya samu nasa kason. In rigima ta taso, akwai sarkin zango da malamai da alƙali. Wanda ya ci amana sau ɗaya, labarinsa zai riga shi isa zango na gaba, kuma daga ranar ba mai sake ba shi kaya. Sunanka shi ne takardar shaidarka, shi ne kuma jinginarka.

Goro kuwa kaya ne mai shagwaɓa. Sai an lulluɓe shi da ganye a cikin huhu, ana buɗewa ana yayyafa ruwa ana tsince wanda ya fara lalacewa, in ba haka ba ƙwaro ɗaya ya ɓata maka huhu guda. Wanda ya iya kai goro lafiya daga Gwanja zuwa Kano ya san kula da kaya, ya san lissafin asara, ya san darajar lokaci.

Amma tsarin yana da rauninsa, kuma Alhassan ya ɗanɗana da kansa. A 1893 Sarkin Kano Bello ya rasu, aka naɗa ɗansa Tukur, Yusufawa suka ƙi yarda, Yaƙin Basasa ya ɓarke. Agalawa da yawa sun goyi bayan Tukur, shi ne kuma aka ci da yaƙi, Alu Babba ya hau gadon sarauta. Aka kwashe dukiyar waɗanda ake ganin 'yan wancan ɓangaren ne, aka kama mutane. Alhassan da 'yan'uwansa Bala da Sidi na cikin waɗanda aka kama, sai da suka fanshi kansu. Dukiyar da ke cikin rumbu da ɗaki da bayan jaki, dare ɗaya ake rabuwa da ita, ba inshora, ba wurin kai ƙara. Yaron da bai cika shekara 20 ba ya sake farawa daga sifili.

Da ya bar jaki ya hau jirgin ruwa

Duniyar fatauci na canjawa a lokacin. Yaƙin cikin gida ya durƙusar da kasuwar Salaga a 1892. Turawan Ingila sun ci Asante, sun ci Kano a 1903, a wannan shekarar kuma layin dogo daga Sekondi da ke bakin teku ya isa Kumasi. A arewa, Ingila da Faransa suna ta ja-in-ja a kan inda iyaka za ta bi, har suka daidaita a yarjejeniyoyin 1904 da 1906, aka bi aka kafa alamomi. Layin da ya raba Katsina da Maraɗi, wanda ya mayar da Jibiya garin kan iyaka, a wannan zamanin aka ja shi. Hanyoyin fatake sun girme shi da ɗaruruwan shekaru.

Da yawa daga cikin tsofaffin madugai sun ci gaba da bin hanyar ƙasa kamar yadda suka gada. Alhassan kuwa ya duba ya ga goron Kumasi na iya hawa jirgin ƙasa zuwa bakin teku, ya hau jirgin ruwa zuwa Legas cikin 'yan kwanaki. Daga wajajen 1906 ya fara zirga-zirga tsakanin Akra da Kumasi da Sekondi da Legas, yana cikin Hausawan farko da suka mayar da fataucin goro kan teku. Yana kai goro, yana kuma sayo duwatsun ado da tsakiya da yadin Turawa ya kai arewa.

Lissafin mai sauƙi ne. Wanda ke juya jarinsa sau ɗaya a shekara ba zai taɓa kamo wanda ke juya nasa sau da yawa ba, ko da ribar kowace tafiya ta fi ƙanƙanta. Ga shi kuma goron na isa da ɗanyensa, asara ta ragu. Wannan shi ne karon farko da ya jingina da kayan ɓangaren takarda, wato tikitin jirgi da takardar lodi da jadawalin tashi, alhali cinikin kansa yana nan a kan amana tsakaninsa da mutanensa.

Gyaɗa ta zo

Layin dogo daga Legas ya iso Kano a 1911, aka buɗe shi ga 'yan kasuwa a 1912. Turawa auduga suka sa rai za a noma musu don masaƙun Ingila. Manoman Kano da 'yan kasuwarta suka yi nasu lissafin, suka ga gyaɗa ta fi riba, ga shi in farashi ya faɗi ana iya cin ta ko a matse mai a yi ƙuli-ƙuli. Cikin ɗan lokaci buhunan gyaɗa suka cika tashar Kano har jirgi ya kasa kwashewa.

Kamfanonin Turawa suna da kuɗi, suna da sito, suna da jiragen ruwa da masu saye a Turai. Abin da ba su da shi shi ne hanyar isa ga manomi. Bature ba ya jin Hausar ƙauye, bai san wane mai gari ne ke cika alkawari ba, bai san wa za a ba kuɗi tun damina a samu gyaɗa da kaka ba. Wannan ilimin yana hannun tsofaffin fataken goro irin su Umaru Sharubutu Koki da Maikano Agogo, da kuma Alhassan, wanda ya dawo ya zauna a birnin Kano, ya kafa gida a yankin Koki da Sarari.

A 1918 kamfanin Niger Company ya nemi ya riƙa saya masa gyaɗa. Yadda abin ke tafiya shi ne, kamfani ya ba shi kuɗi a dunƙule, da yarjejeniya da lissafi a rubuce. Shi kuma ya rarraba wa yaransa, su bazu ƙauyuka da kasuwanni, su ma su ba nasu yaran. Tsakaninsa da kamfani takarda ce. Tsakaninsa da yaransa kuwa sanayya ce da zumunta da auratayya da tsoron zubewar mutunci. Yaron da ya nuna gaskiya, a ƙara masa jari, a yi masa aure, wata rana a sallame shi ya tsaya da ƙafarsa. Gyaɗar ta taho a kan jakuna da raƙuma, daga baya a motoci, ta hau sikeli, ta shiga littafin akawu. Daga wannan lokacin ta zama kayan da gwamnati ke ƙirgawa.

Zuwa 1922 ana lissafa shi a matsayin attajirin da ya fi kowa a Kano. A 1929 aka haɗe Niger Company da wani kamfanin aka samar da UAC, ya kuma zama babban mai saya musu. Shi ake dangantawa da fara jera buhunan gyaɗa a yi dala da su kafin jirgi ya kwashe, inda dala ɗaya kan ci buhu har 15,000. Hoton dalar gyaɗar nan da kuke gani ana yawo da shi a Facebook ana kewar zamanin da, to ku sani kowane buhu a ciki ya faro ne daga wani ƙaramin ciniki a ƙauye wanda ba a rubuta shi ko'ina ba.

Harkar ba ta tsaya a iyaka ba. Ƙasar Maraɗi ma ta zama ƙasar gyaɗa, kuma shekaru da dama gyaɗar can ta hanyar Katsina take gangarowa Kano ta hau jirgin ƙasa zuwa Legas, kafin Faransawa su karkatar da ita ta Kwatano a shekarun 1950. Alhazan Maraɗi da suka shahara daga baya, da yawansu a irin wannan matsayi suka faro, wato tsakanin kamfanin Bature da manomi.

Raƙuma 20 a ƙofar banki

Labarin da aka fi sani game da shi shi ne na banki. A 1929 ya kai kuɗinsa reshen Kano na Bank of British West Africa, bankin da ya rikiɗe ya zama First Bank na yau, kuma sulallan azurfa ne lodin raƙuma 20. Dalilin da ya sa kuɗin suka kasance sulalla shi ne mutanen karkara ba su yarda da kuɗin takarda ba a lokacin, sai abin da za su ji nauyinsa a hannu. Duk mai sayen gyaɗa dole ya tara tsaba.

Abu biyu ne abin lura a nan. Na farko, mutumin da aka taɓa kwashe wa komai a yaƙi ya gane amfanin ajiye dukiya inda gobara da ɓarawo da rikicin sarauta ba za su cinye ta ba. Na biyu, ya shiga banki da sharaɗinsa: bai karɓi kuɗin ruwa ba, saboda addininsa. Wannan fa shekaru fiye da 80 ke nan kafin a buɗe bankin Musulunci na farko mai cikakken lasisi a Najeriya.

Haka ya yi a sauran harkokinsa. Ya ɗauki akawuna masu ilimin boko, har da Yarabawa da Ibo, suna riƙe masa littattafai, a gefe guda kuma dillalansa da yaransa na gargajiya suna nan. Ya ci gaba da cinikin goro da shanu da hatsi da tufafi. Ya yi aikin Hajji ta jirgin ruwa a farkon shekarun 1920, ya kuma biya wa mutane da dama suka je. Waɗanda suka rubuta tarihinsa sun yi ittifaƙi a kan cewa mutum ne mai tsantseni wajen kashe kuɗi, ba ya almubazzaranci, yana kuma sa ido a kan lissafi da kansa.

Kada kuma a ɗauka ɓangaren takarda ya karɓe shi hannu bibbiyu. A zamanin mulkin mallaka, fitar da kaya waje da shigo da su yana hannun 'yan tsirarun kamfanonin Turai da suka haɗa kai. Bankuna ba sa son ba ɗan ƙasa bashi. A lokacin Yaƙin Duniya na Biyu an raba izinin fitar da amfanin gona bisa yawan abin da kamfani ya saba fitarwa a baya, ka ga wanda aka hana shiga jiya an sake rufe masa ƙofa ke nan. Duk dukiyar Ɗantata, shekaru da yawa matsayinsa bai wuce na mai saya wa wani ba. Sai a farkon shekarun 1950, bayan an kafa hukumar cinikin gyaɗa a 1949, ya samu lasisin sayen amfanin gona da sunan kansa. Yana kuma cikin attajiran da suka haɗa jari suka kafa Kano Citizens Trading Company don a samu masaƙa ta 'yan ƙasa a Arewa.

Ita kanta hukumar cinikin tana da nata cizon. Ita ke yanka farashi, kuma takan biya manomi ƙasa da abin da ake sayarwa a kasuwar duniya, ragowar ta shiga asusun gwamnati. Da wannan kuɗin aka yi ayyuka da dama a Arewa, gaskiya ne, amma daga aljihun manomi suka fito. Shi ya sa duk lokacin da farashin wani ɓangaren iyaka ya fi na ɗayan, gyaɗa kan bi dare ta tsallaka. Wannan ɗabi'ar ta bin farashi a ƙetare layi ba yau ta fara ba a yankin Jibiya.

Rasuwarsa da abin da ya bari

Da ciwon ajali ya kama shi a 1955, ya tara 'ya'yansa da babban mai kula da kuɗinsa, ya yi musu wasiyya su zauna tare, kada su bari harkar ta wargaje. Ya rasu ranar 17 ga Agusta, 1955, aka binne shi a gidansa da ke Sarari a birnin Kano.

Ku tuna abin da ya faru da dukiyar mahaifinsa: ana rasuwa aka raba, ta narke. Wannan ita ce babbar cutar kasuwancin da ke cikin kan mutum ɗaya. Maigida na faɗuwa, bashin da ya bayar da baki ya bi shi kabari, yara su watse. Alhassan ya bar kamfani mai suna da rajista da littattafai, Alhassan Dantata and Sons, wanda ya rayu bayansa. 'Ya'yansa Ahmadu da Sanusi da Mahmud da Aminu duk sun yi suna. Mahmud ne ya kafa kamfanin jigilar alhazai da ake kira WAPA, kuma daga nan unguwar Wapa ta Fagge ta samo sunanta, inda yau ta zama matattarar 'yan canji. Aminu ya rasu a 2025. Aliko Ɗangote kuwa ɗan Hajiya Mariya ne, 'yar Sanusi, wato tattaɓa-kunnen Alhassan.

Wani abin sha'awa, kalmar da masana tattalin arziki ke amfani da ita yau wajen kiran wannan ɓangare na marasa rajista, a Akra aka haife ta. Wani masani ɗan Ingila mai suna Keith Hart ne ya yi bincike a unguwar Nima, inda 'yan arewa ke zaune kuma Hausa ke gudana, ya ga mutanen da takardun gwamnati ke kira marasa aiki alhali kullum cikin aiki suke. Ya gabatar da bincikensa a 1971, Ƙungiyar Ƙwadago ta Duniya ta ɗauki kalmar a rahotonta na Kenya a 1972. Birnin da marayan Bebeji ya je neman mahaifiyarsa, shi ne ya koya wa duniya sunan abin da kakanninmu suka daɗe suna yi.

Mu dawo Magama

Bambancin ɓangarorin nan biyu ya fi fitowa fili ranar da abu ya ɓaci. A watan Agustan 2019 gwamnatin tarayya ta rufe iyakokin ƙasa, a Nuwamba kuma aka hana kai man fetur gidajen mai da ke cikin kilomita 20 daga iyaka. An buɗe wasu iyakokin a Disambar 2020, amma ta Jibiya sai a Afrilun 2022. Bayan juyin mulkin Nijar na 26 ga Yulin 2023 aka sake rufewa, sai a Maris ɗin 2024 Najeriya ta buɗe nata ɓangaren. A duk tsawon wannan lokaci ma'aikacin gwamnati albashinsa na shiga. Babban kamfani na iya karkata kayansa ta tashar ruwa. Ɗan dako da mai shayi da ɗan kabu-kabu na Magama da Ɗan Isa kuwa, ranar da mota ba ta wuce ba, ranar ba a ɗora tukunya ba. Ba fansho, ba diyya, ba ma sunansu a wani littafi balle a san asarar da suka yi.

A ɗaya hannun, ɓangaren da ba rajista shi ke ɗaukar wanda ba shi da digiri, ba shi da kawu a ma'aikata, ba shi da jarin kirki. Da waya ɗaya da amanar wani maigida yaro ke fara saye da sayarwa. Ofisoshin Najeriya kaf ba za su iya ɗaukar ko rubu'in matasan da ke fitowa neman aiki ba. Saboda haka raina mai sana'ar hannu ko mai talla a WhatsApp rashin sanin lissafi ne.

A kuma bambance abu biyu da ake yawan cakuɗawa. Rashin rajista daban, fasa-ƙwauri daban. Matar da ke sayar da fura ba ta karya dokar kowa ba. Wanda ke bin daji da haramtattun kaya kuwa yana wasa ne da ransa da 'yancinsa, a yankin da matsalar tsaro ta riga ta addaba, kuma ribar mai kayan ce, shi ɗan fito ladan ganin ido kawai yake samu.

Abin da rayuwar Ɗantata ke nunawa shi ne tsari. Amana ya fara ginawa, da ita ya samu mutane. Mutanen nan su ne abin da kamfanin Bature ya rasa har ya zo nemansa. Da harka ta girma, sai ya ɗauko abin da takarda ke bayarwa wanda baki ba ya bayarwa: ajiya mai tsaro, lissafin da wani zai iya dubawa, lasisin da ke buɗe babbar ƙofa, da kamfanin da zai rayu bayan mai shi. Ya yi haka ba tare da ya watsar da mutanensa ko addininsa ba.

Ga matashin da ke juya dubu hamsin ko ɗari a yau, matakan ba su da nisa. Ka sayi littafi ka riƙa rubuta abin da ya shiga da abin da ya fita, har bashin da ka ba aboki. Ka raba kuɗin sana'a da kuɗin aljihu, ko da a asusun waya ne. In harka ta fara tsayawa, ka yi wa sunanta rajista a hukumar CAC, don ranar da wani babban mai saye ko banki ko shirin tallafi zai tambaye ka takarda, kada a same ka hannu wofi. Ana kan shimfiɗa layin dogo daga Kano zuwa Maraɗi wanda aka aza harsashinsa a Fabrairun 2021, kuma ta Jibiya zai bi. Jirgin 1912 ya ɗaga waɗanda suka shirya masa, ya bar madugan da suka tsaya a kan jaki. Wannan ma idan ya iso, masu lodi da sunan kansu daban, masu yi musu dako daban.

Allah Ya jiƙan Alhaji Alhassan Ɗantata da Tata da ta rene shi, Ya sa albarka a neman kowane matashi, na ofis da na kasuwa.